A nemi izini kafin a fasa bangon kicin

 

Wani sabon yayi ya shigo Barnawa: mai gida ya ga hoton kicin haɗe da falo a Instagram, sai ya kira birkila a fasa bangon da ke tsakani. A tsofaffin gidajen Low Cost da na GRA, wani bangon shi ke ɗauke da nauyin rufi ko na bene. Idan aka cire shi ba a kafa ginshiƙi da bim ba, tsagewa ce ke biyo baya, wani lokacin har rushewa. Ga wayoyin lantarki da bututun ruwa a cikinsa. Ƙamshin daddawa da zai riƙa tarbar baƙi kuwa, wannan tsakanin maigida da uwargida ne.

Da yawa sun ɗauka izinin hukumar tsara birane ta jihar Kaduna (KASUPDA) na sabon gini ne kawai, alhali sauya fasalin gini ma yana buƙatarsa, tare da zanen injiniya mai rajista da hukumar kula da aikin injiniya ta ƙasa (COREN).

Ya kamata KASUPDA ta bayyana matakai da kuɗin neman izinin da Hausa a rediyo, masu haya kuma su samu amincewar mai gida a rubuce tukuna.

Mai karatu daga Barnawa, Kaduna