Ana Kama Ɗan Daudu, Ina Mai Biyan Kuɗin?



Kowace shekara, da an kawar da amfanin gona, sai ka ga motocin Goronyo da Wurno da Rabah cike da samarinmu, an tafi cirani. Tun da 'yan bindiga suka addabi gabashin Sakkwato, har suka buɗe wuta a kasuwar Goronyo cikin Oktoban 2021, tafiyar ma ta daina jiran rani. Yaron Taloka da bai taɓa wuce kasuwar Acida ba, sai ga shi tsaye a Sabon Garin Kano ƙarfe goman dare: ga otal, ga mashaya, ga gidan gala, ga kowace ƙabila da yarenta, shi kuwa ko kuɗin koko babu a aljihunsa.

A nan ne ake gamuwa da 'yan daudu, wato mazan da suka ɗauki magana da shiga irin ta mata. Da yawansu abinci suke sayarwa a tasha, wasu kuma kawalci, su haɗa baƙo da karuwa, wasu ma su ne ake nema. Yanzu da waya ake ƙulla cinikin, ba sai an je gidan magajiya ba.

Hukuncin addini a kan zina da kwaikwayon mata ba ɓoyayye ba ne, tun muna Islamiyya aka karantar da mu. Tambayata daban ce. Wai shin wa ke biyan kuɗin?

Kasuwar dare ba ta ci sai da mai saye, kuma mai sayen galibi baƙo ne mai kuɗi a hannu, wanda ya zo inda ba a san shi ba. Ku dubi Fataya ta ƙasar Tailan. Ƙauyen masunta ne, sai da sojojin Amurka suka riƙa zuwa hutu lokacin yaƙin Biyetnam a shekarun 1960, sannan ya zama abin da ya zama, aka kuma laƙaba masa suna yawon buɗe ido. Namu baƙon ba daga Turai yake zuwa ba. Ɗan kasuwa ne da ya zo saro kaya, ma'aikaci ne da ya zo taro, wani ma da shi ake sahun farko idan ya koma gida.

A 2007 an kama mutum 18 a wani otal a Bauci kan zargin shigar mata. A 2013 Hisbar Kano ta farfasa kwalaben giya 240,000 a bainar jama'a. To madalla. Amma sau nawa muka ga an fito da mai babbar riga da ya kama ɗakin? Kullum igiya a wuyan talaka take ƙarewa. Abin takaici ma, a Janairun 2014 samari suka yi ta jifa a wata kotun shari'a a Bauci, suna neman yanke hukunci da hannunsu tun alƙali bai gama sauraro ba. Wannan ba shari'a ba ce 'yan'uwa, ɗaukar doka a hannu ne, kuma wanda aka jefa ɗin mutum ne, yana da uwa da uba, jininsa haramun ne a kanmu.

Ni kaina na yi cirani a Kano bayan na gama sakandare. A tasha na tarar da wani yaro ɗan wajenmu yana wa wani ɗan daudu wanke-wanke. Na hau shi da faɗa. Sai ya ce mini kwanansa biyu bai ci ba, ya bi masallatai ba wanda ya tambaye shi daga ina, wannan mutumin ne ya zuba masa shinkafa ya ba shi wurin kwana. Wallahi ban sami amsa ba, kunya ce ta rufe ni.

Muna da 'yan'uwa a Kano da Zariya da Sakkwato. Me zai hana kowace da'ira ta rubuta sunan duk yaron da zai tafi, a sanar da wanda zai tarbe shi a tasha, a sama masa tabarma da tuwon dare har ya kama sana'a? Ni dai na rubuta sunayen yara huɗu na unguwarmu da ke shirin tafiya bana. Uku na sama musu mai masauki, saura ɗaya.