Raddi Ga Mai Cewa A Narkar Da Sojan Idumota

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah.

Bayan haka, wata takarda ta iso hannuna a nan Gummi, wadda wani malami da nake girmamawa ya rubuta bayan bikin tunawa da 'yan mazan jiya na 15 ga Janairu. Maganarsa a kan Sojan Idumota ce, wato siffofin tagulla guda biyu, soja Bahaushe da ɗan dako, aikin James Stevenson, Baturen da ya ƙera siffar soja ta Askari a Darussalam. Sun daɗe a tsaye a Idumota cikin Legas, daga baya aka ɗauke su. Yanzu suna maƙabartar sojoji ta ƙasa a Abuja, tare da allunan sunayen waɗanda suka mutu a yaƙin duniya na ɗaya da na biyu. Malam ya ce a narkar da siffofin, a fasa allunan, kowa ya huta.

Ya ce: waɗannan sojan Nasara ne, su suka rushe Daular Usmaniyya.

Na ce: rundunar kam ita ce, ba na musu. Ita aka kafa a 1897 aka damƙa wa Lugga, ita ta ci Kano a Fabrairun 1903, ta kashe Waziri Ahmadu a Kwatarkwashi, nan cikin ƙasarmu ta Zamfara, ta shiga Sakkwato ran 15 ga Maris bayan yaƙin Giginya, ta bi Sarkin Musulmi Attahiru har Burmi, ta share Satiru a 1906. Wannan miki yana zuciyata kamar yadda yake a taka, Malam. Amma sunayen da ke jikin allunan nan na waɗanda suka mutu ne a Kamaru da Gabashin Afirka tsakanin 1914 da 1918, sai kuma na yaƙi na biyu, irin samarin runduna ta 81 da ta 82 da aka kai Bama. Saurayin da ya faɗi a kwarin Kaladan a 1944, ko haihuwarsa ba a yi ba ranar Giginya. Da yawansu ma ba da son ransu suka tafi ba: Bature ya nemi mutane wurin sarki, sarki ya nema wurin hakimi, hakimi ya aika wa dagaci. Wani kuma haraji ne ya kore shi daga gona. A wace shari'a ake ɗora wa jika laifin kaka, balle laifin wanda ya tilasta shi?

Ya ce: gunki ne. A nan ba ni da ja. Ni ma ban yarda da sassaƙa siffar mutum a kafa ta ba, kuma da ni aka yi wa shawara, ɗakin adana kayan tarihi zan ce a kai tagullar. Sai dai Malam ya haɗa siffa da suna ya yi musu hukunci ɗaya, alhali rubuta sunayen matattun yaƙi gadonmu ne. Malaman sira sun jero mana shahidan Badar da na Uhudu ɗaya bayan ɗaya, da dangoginsu. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya tsare mana labarin yaƙe-yaƙen jihadi a Infaƙul Maisuri, kuma da ba a rubuta ba, wa zai san mahaddata wajen 200 sun kwanta dama a Tsuntsuwa?

Ya ce: su Turawan ai sun karrama nasu, su riƙe abinsu. Wannan ita ce maganar da ta fi ba ni ciwo, don akasinta ne ya faru. A Afrilun 2021 hukumar da ke kula da kaburburan yaƙi ta Kwamanwel ta fitar da rahoto da kanta, ta amsa cewa aƙalla mutum 116,000, mai yiwuwa har 350,000, akasarinsu 'yan Afirka, ba a rubuta sunayensu ba ko kuma ba a tuna da su ba sam. Ministan tsaron Ingila na lokacin, Ben Wallace, ya ba da haƙuri a gaban majalisa. Ashe ɗan abin da ke Abuja shi ne ragowar da ya tsira. Shi kuma za mu fasa da hannunmu?

Ya ce daga ƙarshe: mu da muke binne mutane kullum, ina ruwanmu da matattun Bama? Malam, abin da ya ci Doma ba ya barin Awai. A 2010 gubar dalma ta kashe yara fiye da 400 a su Dareta da Abare na Anka da 'Yargalma ta Bukkuyum. Ina aka rubuta sunayensu inda jama'a za su gani? A Janairun 2022 'yan bindiga suka afka wa ƙauyukan Anka da Bukkuyum. Gwamnati ta ce mutum 58 aka kashe, mutanen ƙauyukan suka ce sun kai 200. Da akwai takarda mai sunan kowa da na mahaifinsa da garinsu, da gardamar ba ta tsaya ba ko kwana ɗaya.

Don haka hukuncina shi ne a bar allunan Abuja inda suke. Ina kuma roƙon limamai da dagatai na Anka da Gummi da Bukkuyum, kowa ya sayi littafi ya fara rubuta waɗanda aka kashe masa, da rana da wuri, tun masu shaida suna raye. Malam yana da alƙalami mai kyau da almajirai da yawa, ina roƙonsa ya shige mana gaba. Allah ne Mafi sani. Wassalamu.