Gefe Huɗu Daidai, Amma Ɗaki Karkatacce

A makon jiya na je duba wani ɗaki da ɗan'uwana yake ginawa, na tarar magini ya kafa turaku ya ja igiya, kowane gefe ƙafa 12 cif. Ya rantse mini cewa ɗakin ya zama murabba'i. Na roƙe shi ya auna daga kusurwa zuwa kishiyarta, sa'an nan ya auna ɗaya ɓangaren. Da ya auna sai awon biyu suka saɓa, alhali kuwa kamata ya yi kowanne ya kasance kusan ƙafa 17. Ashe abin da ya shata shi ne siffar da malaman lissafi suke kira rombus, Larabawa kuma su ce mu'ayyan.

Rombus siffa ce mai gefe huɗu masu tsawo ɗaya, wadda ba tilas ba ne kusurwoyinta su miƙe. Mun saba ganinta a jikin tabarmi da zanen hula. Yuklid, masanin nan da ya koyar a Iskandariyya kimanin shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa, ya ambace ta a farkon littafinsa na ilmin siffofi.

To, yaya ake gane kusurwoyinta? Wanda ya san guda ɗaya ya san dukkan huɗun. Kusurwoyi biyu masu fuskantar juna daidai suke, biyu kuma da suke maƙwabtaka jimlarsu digiri 180 ce. Idan ɗaya ta zama 110, kishiyarta 110 ce, sauran biyun kuwa 70 kowacce, jimla 360.

Amma haddace wannan bai wadatar ba, sai an san dalili. A ja layi ya haɗa ƙananan kusurwoyin nan biyu. Siffar za ta rabu gida biyu, kowanne alwatika mai gefe biyu daidai. Kusurwoyin alwatika jimlarsu 180 ce. A ɗebe 110, saura 70. Da yake gefunan biyu daidai suke, sai 70 ɗin ta rabu biyu, 35 a kowane ƙarshe. Haka abin yake a ɗaya alwatikar, don haka 35 da 35 suka haɗu suka ba da 70. Ka ga ke nan layin ya raba kusurwa biyu daidai wa daida. In aka ja na biyun, zai gitta na farko a kan digiri 90. In kuwa gajeren layin ya yi tsawo ɗaya da gefe, to kusurwoyin 60 ne da 120.

Yaron da ya bi wannan hanya da hannunsa, ko ya manta ƙa'ida ranar jarrabawa, zai iya sake gano ta. Wanda ya yi hadda kawai, da an juya masa zane sai ya rikice. Hausawa sun ce sanin wurin bugu shi ne ƙira. Don haka muna kira ga malamai su sa yara su yanka takarda, su ninka ta, su auna da kansu.

Maginin namu dai ya tumɓuke turakunsa ya sake kafawa, har layukan biyu suka yi daidai. Da an zuba harsashi a yadda yake, da kafinta ne zai sha wuya ranar ɗora rufi, mai ɗaki kuma ya biya kuɗin gyara.

Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.