Sukarin gida: a auna ruwa kafin a aza tubali

Duk shekara idan azumi ya gabato, magana ɗaya ce a Babbar Kasuwar Maraɗi da Kasuwar Dole ta Damagaram da Katako ta Yamai: nawa buhun sukari ya kwana? Mai shayi na tambaya, mai fanke na tambaya, haka mai ƙulla lamurje. Mu da ke zaune bakin teburi mu ke shan baƙar magana daga mai saye, alhali kuwa ba mu muka yanka farashin ba. Can nesa aka yanka shi, a gonakin Barazil da tashar jirgin ruwa da kan iyaka.

Dalili a fili yake. Nijar ba ta da babbar masana'antar sukari, saboda haka duk abin da muke aunawa daga waje ya shigo, kuma mun sha ganin sakamakon haka. A 1994 da aka karya darajar sefa da rabi, duk kayan waje sai da suka yi tsalle. A 2005 sukari na cikin kayan masarufin da aka ɗora wa harajin kashi 19 cikin ɗari, har jama'a suka rufe kasuwanni don nuna ƙin amincewa. A 2023 kuwa abu biyu suka haɗu: Indiya ta taƙaita sayar da nata a waje, farashin duniya ya hau, sannan takunkumin CEDEAO ya toshe hanyar Kwatano, manyan motoci suka koma zagayowa daga Lome ta Burkina Faso. Kowane kwana da mota ta ƙara a hanya, a kan buhu ake lissafa shi.

Shi ya sa duk wanda ya ce ƙasa ta yi sukarinta, muna bayansa. To amma Hausawa sun ce gani ga wane ya isa wane tsoron Allah. Nijeriya ta fara da Bacita tun shekarun 1960, ta ƙara da Numan. A 2012 ta amince da wani babban shiri na wadata kanta da ton miliyan 1.7 a shekara cikin shekara goma. Shekarun sun cika, amma mafi yawan abin da ake tacewa a Legas ɗanyen sukari ne da jirgi ke kawowa daga Barazil. Burkina Faso kuma tana da kamfanin SOSUCO a yankin Banfora, wanda ya sha tara sukari a sito babu mai saye, domin na waje ya fi shi araha. Ashe gina masana'anta daban, riƙe ta daban.

Abu na farko da za a duba shi ne ruwa. Rake yakan yi kusan shekara guda a gona, yana buƙatar ruwa milimita 1,500 zuwa 2,500. Damina a Maraɗi ba ta cika wuce 500 da wani abu ba, wato kashi ɗaya cikin uku ke nan na mafi ƙarancin abin da yake so, saura sai ban ruwa. Sannan sai an matse rake wajen ton 10 kafin a samu ton guda na sukari, kuma in an sare shi ya wuce kwana biyu ba a matse ba, zaƙinsa ya fara gudu. Ke nan dole masana'anta ta zauna tsakiyar dubban ekoki masu ruwa rani da damina. Wurin da ya fi kama da haka shi ne bakin kogin Kwara, da yankin Gaya da Dallol Mawri, ko ƙasar da madatsar Kandaji za ta shayar, wadda aka aza tubalinta tun 2008. Fadamun Matamaye da Magarya suna ba mu raken sha mai daɗi, amma in aka kafa musu manyan injinan jan ruwa, rijiyar mai albasa da mai tumatir ce za ta fara ƙafewa.

Na biyu, gona. Ƙasa mai ruwa ba ta rasa mai ita. In aka kori manomi daga gonar gado aka mai da shi lebura, mun yi asarar mai saye, domin kuɗin kakarsa su ke raya rumfunanmu. Gara a ƙulla yarjejeniya da manoma su noma rake a gonakinsu, a ba su iri da taki bashi, a yanka farashi tun kafin shuka, a biya su kan lokaci.

Na uku shi ya fi shafar mu. Da zarar an kafa masana'anta, abin da ke biyo baya shi ne kiran a hana shigo da na waje. In aka yi haka tun na gida bai wadata ba, lasisi zai faɗa hannun mutum biyu ko uku, buhu ya yi tsada, fasa-ƙwauri ya yi ƙarfi, ƙaramin ɗan kasuwa kuma shi ɗan duwan zai tare a hanya. A bar ƙofa buɗe, a riƙa rage na waje daidai yadda na gida ke ƙaruwa, kuma a sayar wa ƙungiyoyin ƴan kasuwa da na mata kai tsaye daga bakin masana'anta.

Kafin nan akwai abin da ba ya jiran biliyoyi. Mazarƙwaila sana'a ce da ƙasar Hausa ta daɗe da sani. Ƙaramin injin matsa rake da tukunyar dafawa a hannun ƙungiyar mata za su rage raken da ke bushewa bakin tasha, tukar kuma ta zama makamashi maimakon itace. Da rarrafe yaro kan tashi.

Muna kira ga hukumomi da Majalisar ƴan kasuwa: ranar da za a zauna kan wannan magana, a kira mai auna tiya da mai shayi da manomin fadama, a faɗa musu ina ruwan yake, gonar ta wa ce, kuma nawa buhu zai iso kasuwa. Allah ya sa albarka a nemanmu, amin.