Kimiyya da Harshen Gida: Darasi daga Kerala

'Yan'uwa ɗalibai da ma'aikata, sau da yawa in an yi maganar koyar da kimiyya da harshen gida, sai wani ya kada baki ya ce ai babu kalmomi, babu kuma littattafai. Wannan hujja gaskiya ce, amma ba ƙaddara ba ce. Mutanen Kerala sun fuskance ta, suka kuma nema mata magani.

Kerala jiha ce a kudu maso yammacin Indiya. An kafa ta a 1956 bisa harshe, watau aka tattara masu magana da Malayalam a ƙarƙashin gwamnati guda. Ƙidayar 2011 ta nuna masu wannan harshe sun kusa miliyan 35, kuma kimanin kashi 94 cikin ɗari na mutanen jihar sun iya karatu da rubutu. Duk da haka, a farkon zamanin jihar, wanda ke son ilmin lissafi mai zurfi ko na jikin ɗan Adam, tilas ya nemo shi cikin Turanci.

Hukumar binciken ilmi ta Kothari, wadda ta yi aiki daga 1964 zuwa 1966, ta ba da shawarar a riƙa koyarwa a jami'o'i da harsunan ƙasa. Gwamnatin tsakiya ta ware kuɗi don jihohi su wallafa littattafan jami'a da harsunansu. A 1968, zamanin da E. M. S. Namboodiripad ke shugabancin gwamnatin jihar, aka kafa Cibiyar Harshe ta Kerala a birnin Thiruvananthapuram. Aka ɗora N. V. Krishna Warrier, mawaƙi kuma editan mujalla, a kan shugabancinta.

Abin lura shi ne inda suka fara. Sun san ba a fafe gora ranar tafiya, don haka suka shiga aikin kalmomi. Suka tara masana kimiyya da masana harshe, suka shirya ƙamus na kalmomin fannoni, don kada kowane marubuci ya ƙago tasa kalma ya rikita ɗalibi. Suka yi ta wallafa littattafan kimiyya da sana'a da tarihi da tattalin arziki, wasu fassara, wasu sabon rubutu. Suka kuma fito da mujallar ilmi mai suna Vijnanakairali.

Wani zai ce, me ya kai gwamnati cikin sana'ar buga littafi? Amsa ita ce, ɗan kasuwa riba yake nema, kuma ba laifinsa ba ne. Littafin hikaya zai ƙare a kanti, amma littafin ilmin duwatsu mutum nawa zai saya? In ba baitulmali ya ɗauki nauyinsa ba, har abada ba za a buga shi ba. Kamar asibiti ne da rijiya: ba a auna amfaninsu da abin da suka shigo da shi aljihu.

Amma kada mu yi yabon ɗan kuturu. Fiye da shekara 50 bayan kafa cibiyar, likitanci da injiniyanci a Kerala da Turanci ake koyar da su, iyaye da yawa kuma ajin Turanci suke zaɓa wa 'ya'yansu. Dalili kuwa a fili yake. Ɗalibi yana karanta abin da za a tambaye shi a jarrabawa, da abin da zai sama masa aiki, musamman a jihar da 'ya'yanta da yawa ke neman abinci a ƙasashen Larabawa. Littafin da babu aji a bayansa, babu jarrabawa a gabansa, sai ya zauna a kan kanta yana shan ƙura. Kafa Jami'ar Malayalam a garin Tirur a 2012 wani yunƙuri ne na toshe wannan kafa.

To, mu fa? Mun riga Kerala ɗaura niyya. An kafa Kamfanin Gaskiya a Zariya a 1945, Abubakar Imam da Rupert East suka rubuta Ikon Allah don bayyana kimiyya da Hausa. Hukumar NORLA ta zo a 1954, amma ba ta wuce 1959 ba. A 2022 Nijeriya ta amince a koyar da yaran firamare da harshen uwa, a 2025 ta janye. Mu mukan fara mu bari, su kuwa suka fara suka dage.

Ra'ayinmu ke nan: mutanen Kerala sun yi daidai da suka kashe dukiyar jama'a a kan wannan aiki, inda suka gaza kuma ya nuna abin da ya rage, watau a haɗa littafi da aji da jarrabawa. Mu da za mu riƙe alli da fayil gobe, a hannunmu irin wannan shawara za ta faɗo. Allah ya sa mu yi aiki da abin da muka gani.