Wa Ya Gano Wa?

'Yan'uwana ɗalibai, akwai maganar da nake ji a Samaru wadda ta ishe ni, wai kakanninmu da suka fara ganin farar fata sai suka ruɗe, suka ɗauka aljani ne. Ina aka samo wannan tatsuniya? Zazzau da ta saba da Larabawa fatake da Buzaye tun kafin jihadi, ita ce fari zai firgita?

A duba tarihi mana. Clapperton ya ratsa Zariya a 1826, Baikie a 1862, Staudinger Bajamushe a 1885. Dukkansu a matsayin baƙi suka shigo. Masauki aka ba su, aka kai musu abinci, suka jira iso kamar kowane matafiyi. Mai gida ne ya ƙare wa baƙo kallo, ya auna shi, ya sallame shi. To, wa ya gano wa?

Abin ya sake ne bayan 1902, da Bature ya komo da bindiga. Ko da jirgin ƙasa ya iso a 1911, sai aka shiga yanka ƙasa bisa launi da asali: birni na Zazzagawa, Tudun Wada ta baƙin Arewa, Sabon Gari na leburori da akawuna 'yan Kudu, shi kuwa mai mulki ya keɓe a unguwarsa. Har doka ta ce a bar fili na yadi 440 tsakaninsa da baƙar fata, wai don gudun sauro. Sauro! Amma kukunsa da boyinsa a bayan gidansa suke kwana, ko su sauro ba ya cizonsu ne? Wanda aka shimfiɗa wa tabarma jiya, yau shi ke auna tazarar da za a tsaya masa.

Abin takaici, tazarar nan ta tare a bakinmu. Je ka ofishin 'yan sanda, mutum baƙi wuluk, ɗan'uwanka, amma sunansa “Baturen 'yan sanda”. Ranar ƙuri'a kuma sai “Baturen zaɓe”. Wato har yau harshenmu bai yarda baƙi ya riƙe muƙami ba sai ya ari fatar wani. Mu da muke tinƙaho da nazarin Hausa a jami'ar da aka kafa tun 1962, malamai da ɗalibai, mun rasa kalmar da za ta maye gurbin wannan ne, ko kuwa daɗinta muke ji?