Wa zai ɗauki fim ɗin 'yan Boma?

An yi bikin 'yan mazan jiya na 15 ga Janairu kamar kullum: aka ajiye furanni, aka saki tattabaru, kowa ya shige motarsa. Da daddare na leƙa wani gidan kallo a Batsari, yara maƙil suna yi wa sojan Indiya ihu yana zuba Hausar fassara. Na tambayi na kusa da ni ko ya san kakanninmu sun yi yaƙi a Boma. Ya ce, “Baba, wane gari ke nan?”

Dubi yadda wasu suka yi da nasu mayaƙan: ƙasar Cekosulobakiya ta samu 'yanci a 1918, da taimakon 'ya'yanta da suka yi yaƙi a Rasha da Faransa da Italiya. Shekara goma kacal, a 1928, aka fitar da fim marar magana a kansu. A 1931 Svatopluk Innemann ya ɗauki Třetí rota daga littafin Josef Kopta, wanda shi ma da shi aka yi yaƙin. Daga baya aka yi fim ɗin Zborov, kan gumurzun Yulin 1917. Mayaƙan suna raye aka yi wannan duka, su shiga silima da 'ya'yansu.

Mu fa? Rundunoni na 81 da 82 na Afirka ta Yamma sun ratsa Kaladan da Arakan a Boma, da yawansu da kaya a ka, cikin ruwa da sauro. Sarkin Katsina Usman Nagogo da kansa ya je har Boma ya gaishe su. Barikin Chindit na Zariya daga can ya samo suna. Amma fim ɗin Hausa ko ɗaya!

Za a ce ai Sarkin Ingila suka yi wa yaƙi, 'yancinmu bai shigo ciki ba. To ai nan labarin yake: yadda aka bi ta hannun hakimai da dagatai aka ɗebe su, da abin da suka tarar da suka dawo.

Tun Turmin Danya a 1990 Kannywood take fama da kishiya da rawa, kuɗin kaki ne dai babu. Wannan ba talauci ba ne, lalaci ne. 'Yan Boma kusan duk sun kwanta dama. Yanzu kuma samarin Runka da Ruma ke faɗuwa a bakin dajin Rugu suna kare garuruwansu, shaidarsu ba ta wuce bidiyon waya da ake turawa a WhatsApp. Furodusan da ke da kyamara ya zo Safana, iyaye mata na samarin nan suna nan, za su yi magana.